Yadda Mijina Ya Nutse a Gumel

Ƙauyenmu yana kusa da Sule Tankarkar, ƙasar rairayi, inda sai an ƙulla igiya da igiya kafin guga ya taɓa ruwa. Ruwa mafi yawa da mazan garin suka taɓa gani shi ne kududdufin bayan gari da damina, wanda ko akuya ba ya kai wa wuya. To waɗannan mutanen ne suka tafi cin kasuwar Gumel, suka kwana ɗaya, suka dawo sun zama masana teku, har da shaidar da za su bayar. A kaina kuwa suka bayar da ita.

Zamanin da ake shimfiɗa dogon jirgin ƙasa ta Gagarawa ne. Ina da ƙuruciyata, da 'ya ɗaya mace. Mijina, wanda shi ne auta a wajen uwarsa, ya bi masu kora shanu zuwa kurmi da niyyar dawowa kafin shuka, sai ga shi damina uku ta wuce. Labarinsa na ƙarshe wani bafataken goro ne ya kawo, ya ce ya gan shi a Ikko yana dako a bakin teku, lafiyarsa ƙalau, yana gaishe mu. Ni da uwarsa muka riƙe gida. Ina ce mata Inna, muna zaune lafiya, ba ta taɓa ɗaga mini murya ba. Ya bar mana gona mai itatuwan gawo, kuma duk manomi ya san geron da ke ƙarƙashin gawo ba ya ba da kunya. Da ita muke ci, da ita muke fita haraji.

Mijina yana da wa, mutumin da Allah ya ba baki ya hana hannu. Tasa gonar ƙuduji ya cinye ta, don kullum yana gindin tsamiya yana warware wa duniya matsalolinta. In ya zo gaida Inna, idonsa na kan rumbunmu.

Da hantsi ne, ina daka, sai na ji sallamar maza. Ga wan mijina a gaba, liman a bayansa, sai wanzamin garin da mahauci. Suka tsaya a tsakar gida suna salati. Wan mijina ya yi ta matsa ido ko hawaye zai taimake shi, hawaye ya ƙi.

Ya ce, "Sai haƙuri. Ƙanena ya riga mu gidan gaskiya. Ruwa ya ci shi."

Na dakatar da daka. Na ce, "Wa ya kawo labarin?"

"Ba labari ba ne. Da idonmu muka gani."

"A ina?"

"A Gumel."

Na jingine taɓarya. Na ce, "Yaya, wane ruwa ne a Gumel da zai ci ƙato? Randa ya faɗa?"

Liman ya ce in yi hankali da bakina, rana ce ta mutuwa. Sannan suka shiga ba da labari, kowa na ƙwace magana daga bakin ɗan'uwansa. Wai wani Baturen aikin dogo ne ya zo Gumel da abin da ake kira majigi. Akwati ne mai fitila a ciki, ana murza masa hannu, sai ya watsa haske a jikin farin ƙyalle, mutane su fito a jikin ƙyallen suna motsi ba sa magana. Bayan magariba aka kafa shi a fili, kyauta. Aka nuna musu wani gari na bakin teku, iska ta taso, teku ta yi tsalle ta hau gari, tana kwashe gidaje da mutane. A cikin waɗanda ta kwashe, in ji su, har da mijina.

Na ce da me suka gane shi. Wanzami ya ce ai shi ya san ƙeyar kowa a garin nan, ƙeyarsa ce. Wannan wanzamin kuwa shi ne ya taɓa tsaga wa jariri tsagar wani gida daban. Mahauci ya ce tafiyarsa ce sak. Mahaucin idonsa ɗaya ne ke gani, shi ma da rana. Daga baya na ji yadda aka yi. Wan mijina ne ya fara ihu a wurin, "Ga ƙanena!" Sauran kuma kowa ya ji kunyar a ce shi kaɗai ne bai gani ba. Kafin su iso gida duk ayarin ya gani, har da wanda ya tafi kama ruwa lokacin da aka nuna wurin.

Liman ya gyara rawani ya ce gani ya kori ji. Shari'a shaidu biyu take nema, ga shi an samu gari guda. Babu gawa, saboda haka babu salla, amma za a yi addu'a, in shiga takaba, bayan nan a raba gado. Ya ce raba gado, wan mijina ya sunkuyar da kai don kada a ga bakinsa. Ni ba malama ba ce, amma na san in mamaci bai bar ɗa namiji ba, wansa yana da rabo. Kuma rabon yarinya a hannun wa zai zauna, in ba a hannun baffanta ba? Gonar gawo ke nan ta tafi, ni kuma a mayar da ni bazawara da mijina a raye.

Na ce ba zan shiga ba. Washegari na rambaɗa kwalli, na sa awarwarona, na tafi rijiya. Mata suka yi ta taɓa baki, wai ban da imani, wai dama ba na son sa. Wata ta ce mazan gari kaf za su yi ƙarya ne? Na ce ba su iya ƙarya ba ma, da sun iya da sun samo wadda ta fi wannan. Namijin da bai san bambancin gero da ƙaiƙayi a rumbun gidansa ba, shi ne zai gane mutum a jikin ƙyalle da duhun magariba?

Inna kuwa tun da aka faɗi maganar ba ta ce uffan ba. Ba ta yi kuka ba, ba ta ci abinci ba. Tana zaune a ƙofar ɗaki da carbi, ba ta ja. Da aka kwana biyu aka ji Baturen zai sake nuna majigin a Gagarawa, a sansanin leburorin dogo. Na ce zan je in gani da nawa idon, tun da ido ne ya zama alƙali. Wan mijina ya yi tsalle ya dire, ya ce mace mai takaba ba ta fita. Na ce sai na shiga tukuna. Ana cikin haka Inna ta buɗe baki.

Ta ce, "A ɗaura wa jaki akumari. Da ni za a je."

Ya ce, "Haba Inna, da tsufanki?"

Ta ce, "Da tsufana na ce."

Bai iya musa mata ba, dole ya biyo mu, yana tafe yana ƙunƙuni. Na bar yarinya wurin maƙwabciya. Inna a kan jaki, ni a ƙasa, muka yi ta nutsa ƙafa cikin rairayi. Shekarar nan ruwa ya yi ƙaranci, karan gero duk sirara, wasu gonakin ba a ma wahalar da lauje ba. Muka kwana a hanya gidan wasu dangi, muka isa Gagarawa da la'asar. Duk tafiyar nan zuciyata a sake take. Na tabbata da zarar Inna ta gani magana ta ƙare, don uwa ba ta ɓata ɗanta.

Sansanin cike yake da bukkoki da ƙartai masu warin gumi, da mata masu tuwo-tuwo. An kafa sanduna biyu an ɗaure farin alawayyo, irin wanda ake yi wa mamaci sutura. Baturen yana zaune a kujerar tafi-da-gidanka yana shan lofe, ko kallonmu bai yi ba. Mai gari a wurin shi ne tafintansa, wani siririn mutum da ya sa tsohon kwat ɗin ubangidansa a kan riga, da zafin nan, gumi na bin wuyansa, yana yawo da bulala yana jin kansa ƙanen Gwamna. Na durƙusa na gaishe shi, na ce ranka ya daɗe, garin da ake nunawa wane gari ne?

Ya dube ni sama da ƙasa ya ce, "Bakin teku."

Na ce, "Ikko ne?"

Ya ce, "Ke, bakin teku ai bakin teku ne, duk ɗaya ne."

Na ce ko zai tambayar mini Baturen. Ya yi dariya ya ce Bature ba ya magana da mata 'yan ƙauye. Ni dai na gane shi ma bai sani ba, kuma tsoron tambaya yake yi. Ka ji wanda mazanmu suka ɗauko ilmin teku daga bakinsa.

Da aka idar da magariba aka kunna fitila. Wani ya kama hannun akwatin yana murzawa, abin na ƙara ƙar-ƙar-ƙar. Na samar wa Inna wuri a gaba, na tsuguna kusa da ita. Aka fara nuna jirgin ƙasa, da wasu Turawa suna gaisawa, suna tafiya da sauri-sauri kamar kaji. Sai ga ruwan.

Ba zan ɓoye ba, na tsorata. Ruwa ne ba shi da gaɓa ta can, yana tashi ya fi rimi, ya faɗo, ya sake tashi. Ga wasu dogayen itatuwa masu kama da giginya sun kwanta don iska. Ga gidaje na ciyawa a jere a bakin yashi, da kwale-kwale a kife. Mutanen baƙaƙe ne irinmu. Na ga mace ta fito da tukunya a ka, ta ajiye, ta koma ta ɗauko yaro, ta tsaya ba ta san inda za ta nufa ba. Na ga jinkar ɗaki tana tafiya a kan ruwa da kaza a samanta. Na ga tsoho ya rungume turke, ruwa ya rufe shi, ya janye, babu tsoho babu turke. Bakunansu a buɗe suna ihu, ba ka jin komai sai ƙarar akwatin. Daga nan aka nuna bayan ruwa ya koma, gari ya zama fili, mutane na tone yashi da hannu.

Leburori kuwa me za su yi in ba shewa ba. Duk sanda ruwa ya rushe gida sai su ce "Kai! Ƙara masa!" kamar suna kallon dambe. Wani a bayana ya ce ina ma a juyo mana da rabinsa gonakinmu. Aka fashe da dariya. Tafinta yana gefe yana nuni da bulala yana cewa, "Ku dubi ikon Bature, ya kamo teku ya sa a akwati." Garin mutane ya hallaka, shi abin da ya gani ke nan. Na ji kamar in tashi in shaƙe shi da kwat ɗin.

Wan mijina ya matso ya ce, "Ku lura, yanzu zai fito."

Sai ga mutum ya ɓullo daga gefen ƙyalle, ruwa iya cinyarsa, ɗauke da ɗan akuya a kafaɗa. Gajere ne, kakkaura, da ɗaurin zane a ƙugu, ƙirji a waje. Mijina dogo ne, siriri, kafaɗarsa ta hagu ta ɗan sauka, kuma ko a cikin ɗaki ba ya zama ba riga. Mutumin ya juyo ya dubi wajenmu, fuskarsa ba ta fito sosai ba, haske na rawa. Duk tsayuwarsa ba ta fi a yi atishawa a ce alhamdu lillahi ba. Wani farin ciki ya kama ni har na buɗe baki zan yi guɗa. Ba shi ba ne, ko kusa.

Kafin in yi, Inna ta miƙe. Tsohuwar da sai an kama ta take sauka daga jaki, ta miƙe tsaye ita kaɗai, ta miƙa hannu biyu.

Ta ce, "Autana! Auta, ga ni nan!"

Inuwarta ta hau ƙyallen. Aka yi ta ihu, "Tsohuwa zauna! Kin tare mana!" Ruwa ya taso ta bayan mutumin ya rufe shi, shi da akuyarsa. Inna ta tafi da gudu ta kama alawayyon tana shafawa, tana leƙa bayansa. Tafinta ya ɗaga bulala, na riƙe hannunsa na ce in ya taɓa ta sai na tara masa jama'a. Baturen ya cire lofe ya yi wata magana, ya yi murmushi, aka ci gaba da murza akwati.

A masaukinmu na zauna kusa da ita. Na ce, "Inna, ba shi ba ne. Kin ga gajere ne. Kin ga ƙirjinsa. Ɗanki yaushe ya yi wannan jikin?"

Ta ce, "Dako yake yi, ya yi ƙiba."

"Tsawon fa? Dako yana rage tsawo?"

"A ruwa yake tsaye."

Na ce, "Inna, don Allah ki tuna. In kika ce shi ne, kin kashe shi. Za su raba gonarsa, su raba ni da shi. Jikarki za ta tashi a hannun wanda ko tasa gonar bai iya riƙewa ba."

Ta juyo ta dube ni. Sannan ta kama hannuna, a hankali, yadda take yi in ina zazzaɓi. Ta ce, "'Yar nan, damina uku ina roƙon Allah ya nuna mini fuskarsa kafin in mutu. Yau ya nuna mini. Ya juyo ya dube ni, ke ma kin gani. Shi ne kike so ki ƙwace mini?"

Da wan mijina ne da na wanke shi tas, da liman ne da na san ta inda zan ɓullo masa. Amma wannan ba ƙarya take yi ba, ba gona take so ba. Na yi kuka a wurin, na baƙin ciki da haushi, ita kuma tana shafa bayana tana ba ni haƙuri a kan mutuwar da ba a yi ba.

Da muka koma gida liman ya tara mutane a zaure, aka kira mu. Na faɗi abin da na gani, gajere ne, ba shi ba ne, ko garin ma ba wanda ya san sunansa. Aka tambayi Inna. Ta ce ɗanta ne. Liman ya buɗe hannu ya ce to, wa ya fi uwa sanin ɗa? Wanzami ya gyaɗa kai, mahauci ya ce dama ya faɗa. Ka ga gemuna a jere suna gyaɗawa, ko ɗaya babu wanda ya tambayi kansa yadda aka yi mutum ya nutse a Gumel, ya sake nutsewa a Gagarawa, kuma an ce gobe zai nutse a Maigatari. Da na faɗi haka sai aka ce zafin mutuwa ne ya taɓa ni.

Ubana ya aiko cewa in bi abin da manya suka yanke, kada in ja masa magana. Tsofaffin mata suka zo suka tsefe mini kai, suka cire awarwaro, suka goge kwallin, suka ba ni 'yar wuƙa in riƙe yadda masu takaba ke yi. Da gerona aka yi gumbar sadaka, waɗanda suka ba da shaidar su suka fi kowa cika baki da ita. Aka raba gona. Wan mijina ya haɗa rabonsa da na yarinya da na Inna ya ce zai kula. Ya kula kuwa. Bai cika shekara biyu ba ya sassare rassan gawon ya sayar wa makiyaya, ƙuduji ya bi shi har can.

Inna ba ta ga wannan ba. Ta rasu kafin in fita takaba, hankalinta kwance, tana gaya wa masu zuwa dubiya cewa autanta ya yi ƙiba.

Da na fita na ɗauki 'yata na koma wajen danginmu a Maigatari, na kama sayar da fura a bakin kasuwa. Duk ayarin da ya taso daga kurmi sai na tare shi da tambaya. Wani ya ce kamar ya gan shi, wani ya ce bai san shi ba. Masu neman aure suka yi ta zuwa, har da masu rufin asiri, don a wurin kowa ni bazawara ce, an yi takaba an gama. Na sallame su ɗaya bayan ɗaya. Aka ce girman kai ne, aka ce aljani ya aure ni. Su faɗi abin da suka ga dama. Ni na san abin da na gani a jikin ƙyallen nan, kuma ba zan yi aure kan aure ba don wanzami ya ce ya san ƙeya.

Watannin da na yi a ɗaki da wuƙa a hannu, ana shigowa ana ce mini Allah ya ji ƙansa, ina cewa amin. Ba ƙarya nake yi ba. Gajeren nan nake nufi, mai akuya. Na ga yadda ruwa ya yi da garinsu, mai yiwuwa ba wanda ya rage da zai zauna masa. To na zauna masa, ni da ban san sunansa ba, ban san ko yana salla ba. Takabarsa ce, na yi masa ita cikakkiya, ban rage ko kwana ɗaya ba.

Mijina kuwa bai dawo ba, kuma ba wanda ya zo ya ce mini ya ga kabarinsa. Gashina ya yi fari, jikokina sun yi 'ya'ya. Har yau in an tambaye ni, matar aure nake cewa.